Rawar bale a gidan Opera na Paris: me ake gada a cikinta shekara 350?

Tambaya: Malam, na ga bidiyon wasu masu rawar bale na ƙasar Faransa, aka rubuta cewa ƙungiyarsu ta haura shekara 350 da kafuwa. Da gaske ne? Kuma rawa ai ba gona ba ce, ba littafi ba ce, ana gama ta ta wuce. To me ake gada a cikinta har ta daɗe haka?

Amsa: Da gaske ne, ɗan'uwa. Ƙungiyar da ka gani ita ce ta gidan Opera na Paris, kuma duk duniya babu ƙungiyar bale ta ƙasa da ta girme ta. A 2019 gidan ya yi bikin cika shekara 350. Amma rabin tambayarka na biyu shi ne ya fi kama ni, don na daɗe ina karantar da tarihin wasannin dandamali, kuma wannan ita ce tambayar da na fi so ɗalibi ya yi. Na san shigar masu wannan rawa da yadda maza da mata ke haɗuwa a cikinta ba al'adarmu ba ce. Tarihi ka tambaya, shi zan ba ka, kuma akwai abin lura a ciki ga duk wanda ya damu da yadda sana'a ke rayuwa bayan masu ita sun mutu.

Asalin bale rawar fada ce. A fadojin Italiya ta tsiro a ƙarni na 15, ta shigo Faransa ta dalilin auratayya tsakanin gidajen sarauta, musamman zamanin Sarauniya Catherine ta gidan Medici. A 1581 aka yi wani gagarumin wasa a fadar Paris wanda ya ɗauki sa'o'i kusan 5, da yawa daga masana suna lissafa shi a matsayin bale na farko. A lokacin babu wanda ke cin abinci da wannan rawa a matsayin babbar sana'a. Fadawa da 'ya'yan sarauta su ke yin ta, kamar yadda suke koyon hawan doki da wasan takobi.

Wanda ya sauya al'amarin shi ne Sarki Louis na 14. Yana yaro manyan masu sarauta suka yi wa gidansu tawaye, har sai da aka fitar da shi daga Paris cikin dare. Tawayen na lafawa, a 1653, yana ɗan shekara 14, ya fito a wani wasa da aka kwana ana yi, ya zo a ƙarshe da asuba cikin tufafin zinariya a matsayin rana mai fitowa, 'ya'yan manya suna kewaye da shi. Kowa ya gane saƙon. Wannan shi ne sarkin da duniya ta sani da laƙabin Sarkin Rana. A wurinsa rawa hanyar mulki ce: bafaden da ya shagala da gyara takunsa don kada ya ji kunya a gaban sarki, ba shi da sukunin ƙulla makirci.

A 1661, shekarar da ya karɓi ragamar mulki da hannunsa, ya kafa majalisar gwanayen rawa mai mutum 13, ya ɗora musu tsare ƙa'idojin sana'ar. Mutane da dama suna ƙirga shekarun ƙungiyar daga nan, amma wannan majalisa ba ta taɓa zama ƙungiyar hawa dandamali ba. Tushen gaskiya shi ne 1669, lokacin da sarkin ya ba wani mawaƙi, Pierre Perrin, izinin buɗe gidan opera, wato wasan kwaikwayo da ake yi da waƙa. Perrin ya faɗa bashi, a 1672 izinin ya koma hannun Lully, Ba'italiyen da ke tsara wa sarki kiɗa. Faransawa ba sa karɓar opera in babu rawa a ciki, don haka dole gidan ya ajiye masu rawa na dindindin da ake biya albashi. Shi kuma sarki ya daina fitowa rawa wajen 1670, fadawa suka bi sahu, fili ya koma hannun ƙwararru. Da farko duk maza ne, har matsayin mata su ke fitowa a ciki da abin rufe fuska. Sai a 1681 mata suka fara hawa dandamalin a matsayin ma'aikata, wata baiwar Allah mai suna La Fontaine ce a gabansu. A 1713, shekara biyu kafin rasuwarsa, sarkin ya ba da umarnin kafa makarantar horar da masu rawar gidan. Tana nan har gobe.

To yanzu ga gadon. Malamin rawar sarki, Pierre Beauchamp, shi ake jingina wa tsayuwa biyar na ƙafa, waɗanda kowane motsi na bale ke farawa da ɗaya daga cikinsu ya ƙare a ɗaya. Sirrinsu shi ne a juya ƙafafu waje tun daga ƙugu, yatsu su kalli gefe, ta yadda mutum zai iya tafiya dama da hagu yana fuskantar masu kallo. Jiki ba ya yarda da wannan sai an fara tun ƙuruciya, icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Na taɓa zama a gefen ɗakin atisaye na ga darasin safe, kuma ranar na fahimci abin da littattafai suka kasa fahimtar da ni. Kowa ya dafa wani dogon katako da aka kafa a jikin bango. Mai kaɗa fiyano ya fara a hankali. Abu na farko shi ne lanƙwasa gwiwa, wanda suke kira plié, sannan miƙa ƙafa a ƙasa har tafin ya lanƙwashe, yatsa bai bar daɓe ba. Malamar dattijuwa ce, ba ta ɗaga murya. Ta zo bayan wata budurwa, ta sa yatsu biyu ta ɗan taɓa ƙarƙashin kafaɗarta, ta juya mata haɓa kaɗan, ta wuce ba ta ce uffan ba. Nan take tsayuwar yarinyar ta sauya. Wanda ya shekara 20 yana rawa da wanda ya shigo bana, duk da wannan lanƙwasa gwiwar suke buɗe kowace safiya ta aiki. Kuma sunayen motsin da Faransanci ake faɗar su a ko'ina, a Moscow, a Tokyo, a Havana, har a Legas inda aka ɗauki wani yaro yana juyi cikin ruwan sama a 2020 duniya ta yi ta kallo.

An yi ƙoƙarin rubuta rawar. A 1700 wani mai suna Feuillet ya buga littafin alamomi da ke nuna inda ƙafa za ta bi, kuma da shi masana ke farfaɗo da wasu raye-rayen fada a yau. Sai dai takarda tana gaya maka inda za ka sa ƙafa, ba ta gaya maka nauyin da za ka ɗora mata, ko lokacin da za ka ja numfashi, ko inda idonka zai kalla. Waɗannan daga jiki zuwa jiki suke wucewa, kamar yadda ɗan maƙeri ke gane zafin ƙarfe da ido don ya daɗe yana tsugune kusa da babansa.

Ƙarni na 18 zan wuce shi da sauri. Marie Camargo ta rage tsawon tufafinta zuwa idon sawu don a ga saurin ƙafarta. Wani mai tsara rawa, Noverre, ya buga wasiƙunsa a 1760 yana cewa a jefar da abin rufe fuska, a bar rawa ta ba da labari da kanta. Juyin juya hali ya zo a 1789, aka fille kan sarkin lokacin bayan shekara huɗu, amma gidan da sarauta ta kafa bai rufe ba, suna kawai ya riƙa sauyawa da kowace sabuwar gwamnati. Wanda za ka riƙe sunansa a wannan zamani shi ne Auguste Vestris, gwanin tsalle wanda ya tsufa yana koyarwa. Zan dawo kansa.

Siffar da yawancin mutane suka sani ta bale, mace cikin farin tufafi mai shara-shara tana tsaye a kan tsinin yatsunta, a wannan gida aka haife ta. A 1832 Marie Taglioni ta fito a wasan La Sylphide, wanda mahaifinta ya tsara mata, a matsayin aljanar iska da wani saurayi ya bar amaryarsa ya bi. Kafin ita ana tsayawa a kan yatsu don burge mutane kawai. Ita ce ta sa abin ya zama ma'ana: halitta ce da ƙasa ba ta riƙe ta. A 1841 aka yi Giselle, labarin 'yar ƙauye da baƙin cikin yaudara ya kashe, ta tashi cikin fatalwowin 'yan matan da suka mutu kafin aure, amma ta kare wanda ya cuce ta daga hannunsu har gari ya waye. Fitilun gas da aka sa a gidan tun 1822 su suka ba da damar yin hasken farin wata a dandamali. Takalmin kuwa, in ka riƙe shi a hannu za ka yi mamaki: babu katako ko ƙarfe a bakinsa, yadi ne aka jera aka manne da gam har ya taurare, aka lulluɓe da satin. Kowace mai rawa da hannunta take ɗinka masa igiya, ta bubbuga shi a ƙasa don ya yi laushi ya daina ƙara, kuma babban wasa ɗaya na iya cinye mata shi.

Ba zan ɓoye maka abin da ke bayan wannan kyau ba, don shi ma gado ne. Waɗannan fitilu sun ci rai. A 1862 tufafin Emma Livry, ɗalibar da Taglioni ta fi ji da ita, suka kama wuta a wajen atisaye. Akwai maganin hana kamawar wuta da ake shafa wa yadi, ta ƙi shi saboda yana sa tufafi su sandare. Ta yi wata takwas tana jinya ta rasu tana da shekara 20. Yawancin ƙananan 'yan matan makarantar, waɗanda ake kira ƙananan ɓeraye har yau, 'ya'yan talakawa ne, masu wanki da masu ɗinki. Attajiran da ke biyan kuɗin kujera na shekara an ba su damar shiga wani zaure a bayan dandamali inda 'yan matan ke ɗumama jiki, kuma kowa ya san abin da ke kai su. Mai zane Degas ya yi ɗaruruwan zane na waɗannan yara, in ka duba da kyau za ka ga maza masu baƙar kwat a tsaye a gefe. Yarinyar da ya sassaƙa mutum-mutuminta mai shekara 14, wanda ya nuna a 1881, 'yar mai wanki ce, kuma gidan ya kore ta shekara guda bayan haka. Duk lokacin da na ga hoton wannan mutum-mutumi a kan kalanda, raina yana ɓaci, don an adana siffarta an bar ta ita.

Daga nan gidan ya yi sanyi. Rawar maza ta faɗi har ta kai a wasan Coppélia na 1870 mace ce ta fito a matsayin saurayi. Yarinyar da ta ja wasan, Giuseppina Bozzacchi, ta rasu a wannan shekarar ranar da ta cika 17, lokacin da sojojin Jamus suka yi wa Paris ƙawanya. Tsohon gidan ya ƙone a 1873, aka buɗe ƙasaitaccen ginin Garnier a 1875, mai kujeru kusan 2,000. Gini ya yi kyau, rawar ciki ta rame. Giselle kanta, wadda a nan aka haife ta, ta fita daga jerin wasannin gidan a 1868, aka yi fiye da shekara 50 ƙungiyar ba ta taɓa ta ba.

Nan ne amsar tambayarka take. Da a gini ko a takarda gadon yake, da ya mutu a wannan tsakani. Abin da ya cece shi mutane ne da suka ɗauke shi a jikinsu suka yi ƙaura. Vestris da na ce ka riƙe, ya koyar da wani ɗan Denmark mai suna Bournonville, wanda ya koma Copenhagen ya tsara tasa La Sylphide a 1836, kuma ita ce ake yi ba yankewa har yau, alhali ta Paris ta ɓace sai da Pierre Lacotte ya sake gina ta daga tsofaffin takardu a 1972. Bournonville ya koyar da Johansson, ɗan Sweden, wanda ya tafi birnin Saint Petersburg na Rasha ya shafe rayuwarsa yana koyarwa. A can kuma akwai Marius Petipa, Bafaranshe ɗan Marseille da ya isa a 1847, ya riƙe Giselle ya gyara ta, ya tsara manyan wasannin da ake tinƙaho da su a matsayin na Rasha. Da Diaghilev ya kawo ƙungiyarsa ta Rashawa Paris a 1909, Faransawa suka cika da mamaki, alhali kayan gidansu ne ya dawo musu da ƙiba. A 1924 Giselle ta koma dandamalin Opera, wata Barashiya, Olga Spessivtseva, ce ta ja ta.

Sau biyu aka sake irin wannan dawowa. Serge Lifar, haifaffen Kiev, ya karɓi ƙungiyar a 1930, ya dawo wa maza da martabarsu, ya sa aka riƙa ware dare sukutum don bale kaɗai, aka riƙa kashe fitilun zaure don masu kallo su daina hira su kalli aiki. Sunansa yana da tabo, don ya yi hulɗa da 'yan mamayar Jamus lokacin yaƙin duniya na biyu, aka dakatar da shi bayan yaƙin, ya dawo a 1947 ya zauna har 1958. Na biyu shi ne Rudolf Nureyev, ɗan gidan Musulmi 'yan ƙabilar Tatar, wanda ya gama makarantar nan ta Saint Petersburg da Johansson da Petipa suka raya, ya tsere wa jami'an Tarayyar Sobiyet a filin jirgin Le Bourget na Paris a 1961. Ya shugabanci ƙungiyar daga 1983 zuwa 1989. Mutum ne mai zafin rai, an kai ruwa rana da shi, amma ya cika gidan da wasannin Petipa, ya ɗaga matasa, ciki har da Sylvie Guillem da ta kai ƙololuwa tana da shekara 19 a 1984. Aikinsa na ƙarshe, La Bayadère, an buɗe shi a Oktoban 1992, aka tallafo shi zuwa dandamali don ba ya iya tsayuwa da kansa, ya rasu a Janairun 1993. Ka bi salsalar da kanka: daga Paris zuwa Copenhagen, zuwa Saint Petersburg, ta dawo Paris bayan shekara fiye da 150, kowane mataki malami ne da ɗalibinsa a ɗaki guda.

A yau masu rawar ƙungiyar 154 ne, mafi yawansu daga makarantar gidan suka fito, wadda ta koma unguwar Nanterre a 1987. Yara suna karatun boko da safe, rawa da rana. Matakan girma biyar ne, kuma a 1860 aka fara gasar shekara-shekara da mutum ke fitowa shi kaɗai gaban alƙalai don neman ƙarin girma. Mataki na ƙarshe, étoile, wato tauraro, ba a yin gasarsa. Shugaban gidan ne ke fitowa bayan an gama wasa, labule a buɗe, ya sanar a gaban jama'a. Suna ritaya a shekara 42, da tsarin fansho da asalinsa ke komawa 1698, zamanin Sarki Louis ɗin nan. Da gwamnati ta so taɓa shi a 2019, suka shiga yajin aiki, 'yan mata cikin fararen tufafi suka yi rawa a bakin ƙofar Garnier cikin sanyin Disamba. Gwamnati ke ɗauke da babban kaso na kuɗin gidan, kuma a ganina wannan na cikin dalilan daɗewarsa: sarki, da jamhuriya, da Napoleon, duk wanda ya hau ya ɗauki gidan a matsayin fuskar ƙasa, bai yarda ya mutu a hannunsa ba.

Tsarin da ke adana abu shi ne kuma ke taurare shi. Wani binciken cikin gida da ya fallasa a 2018 ya nuna mafi yawan masu rawar sun fuskanci muzgunawa a wajen aiki ko sun ga an yi wa wani. Batun launin fata kuwa ya fi shafar mu. An daɗe ana cewa layin 'yan mata 24 ko 32 a cikin fararen kaya dole su zama kamar an tsaga kara, kuma da wannan hujja aka riƙa ture baƙar fata gefe. Har 2015 ana shafa wa yara baƙin fenti a fuska a La Bayadère, sai da shugaban lokacin, Benjamin Millepied, ya hana. A 2020 wasu ma'aikatan gidan baƙaƙe da ruwa-biyu suka rubuta takardar koke, aka ba masanin tarihi Pap Ndiaye da Constance Rivière aikin bincike, suka miƙa rahoto a 2021. Ɗaya daga cikin masu koken, Guillaume Diop, wanda mahaifinsa ɗan Senegal ne, an naɗa shi tauraro a Maris 2023 bayan ya fito a wasan Giselle a birnin Seoul, yana da shekara 23. Shi ne baƙar fata na farko da ya kai wannan matsayi a gidan. Na yi murna ƙwarai, kuma na ji zafin cewa sai da aka shekara 354.

In kana so ka ga gadon da idonka, nemi bidiyon abin da suke kira défilé, jerin gwanon da ake buɗe kakar wasanni da shi. Sau ɗaya na gan shi ido da ido a Garnier. Ana buɗe bangon bayan dandamali har cikin wancan zauren da attajirai ke shiga a da, sai zurfin wurin ya kai mita 46, daɓen kuma a ɗan gangare yake zuwa wajen masu kallo. Kiɗan Berlioz, wani Bafaranshe mai tsara kiɗa, ya tashi. Can ƙurya, ƙarƙashin fitilu, sai ka hango wata 'yar mitsitsiyar yarinya ita kaɗai, ƙarama a duk makarantar. Ba rawa take ba, tafiya kawai take, yatsa ya fara taɓa ƙasa kafin diddige, haɓa a ɗage, hannaye a ɗan buɗe. Bayanta 'yan ajinta a layi, sannan na gaba da su, sannan 'yan ƙungiya mataki-mataki, taurari kuma kowace ita kaɗai take saukowa. Mata suna gamawa, ƙaramin yaro ya fito, maza su biyo. Ka bar kallon fuskoki, ka kalli ƙafafu da kafaɗu: yadda yarinyar take ajiye ƙafarta, haka tauraruwar da ta kusa ritaya take ajiye tata.